Makarin Gubar Maganin Ƙwari

Da wuya yau a shiga gidan manomi a rasa kwalbar maganin ƙwari, ko a rataye a bango, ko a bayan rumbu, ko a ƙarƙashin gado. Da shi a ke feshin wake da auduga da tumatir da albasa, da shi kuma wasu ke korar sauro da kuɗin cizo. Amfaninsa ba ɓoyayye ba ne. Amma fa abin da ya kashe tsutsa yana iya kashe mutum, don kuwa hanyar da ya ke bi a jikin ƙwaro ita ce ya ke bi a jikin ɗan Adam.

To, wannan guba tana da makari, makarin kuwa yana asibiti, kuma ba shi da tsada. Nufin wannan takarda shi ne ku san yadda gubar ta ke kisa, da yadda makarin ya ke karya ta. Wanda ya gane wannan ba zai tsaya neman manja da nono ba ran da abin ya auku a gidansa ko a gidan maƙwabcinsa.

WACE IRIN GUBA CE?

Magungunan ƙwari dangi-dangi ne. Dangin da mu ke magana a kansa likitoci suna kiransa oganofosfet. Cikinsu akwai wanda kuka sani da sunan fiya-fiya, wanda a ke rubuta DDVP a jikin kwalbarsa, shi ne kuma ke cikin Sniper. Akwai kulofirifos, akwai daimetowet, da wasunsu. Suna da wasu 'yan uwa na kusa da a ke kira kabamet, kamar garin nan mai suna Furadan. Alamun su duka iri ɗaya ne.

Hanya uku gubar ke shiga jiki: ta baki, ta hanci, da ta fata. Ta fatar nan ita mutane suka fi rainawa. Mai feshi ya goya tanki mai yoyo, rigarsa ta jiƙe, rana ta take, gumi na zuba, shi kuwa yana tsammani sai an sha a ke mutuwa. Alhali fatar bayansa tana ta shan maganin tun da hantsi.

Don ku san girman abin, ga asalinsa. A shekarar 1936 wani masani a ƙasar Jamus, Gerhard Schrader, yana neman sabon maganin ƙwari, sai ya haɗa wani ruwa mai tsananin guba har ya fi ƙarfin gona. Soja suka karɓe shi, aka sa masa suna tabun. A 1938 aka samo ɗan uwansa, sarin. Waɗannan su ne iskar gubar yaƙi mai kama jijiya. Da sarin wata ƙungiya ta kai hari cikin jiragen ƙasa na birnin Tokiyo a ƙasar Japan ran 20 ga Maris 1995, mutum fiye da 12 suka mutu, dubbai suka jikkata. Maganin gona bai kai gubar yaƙi ƙarfi ba ko kusa, amma gidansu ɗaya, aikinsu ɗaya, kuma allurar da aka yi wa mutanen Tokiyo ita ce za a yi wa manomin da fiya-fiya ta kama.

ƊAN AIKE DA DOGARI

Kafin a gane aikin makari, sai a gane yadda jiki ya ke aika saƙo. Ban da jijiyoyin jini, akwai wasu jijiyoyi farare, sirara kamar zare, da suka taso daga ƙwaƙwalwa da gadon baya suka bazu ko'ina. Aikinsu kai umurni. Su ke ce wa hannu ya ɗaga, baki ya kawo miyau, hanji ya motsa, zuciya ta sassauta.

Amma bakin jijiyar bai taɓa naman da ya ke yi wa umurni ba, akwai 'yar tazara tsakaninsu wadda ido ba ya gani. Idan saƙo ya iso, sai jijiya ta saki wani ɗan sinadari ya ƙetare tazarar. Sunansa asetilkolin, mu kuwa bari mu kira shi ɗan aike. Ya isa ƙofar naman, ya ƙwanƙwasa, naman ya yi abin da aka ce.

Da ya ba da saƙo, bai kamata ya ƙara tsayawa ba. Don haka a kowace ƙofa akwai wani sinadari dabam, sunansa kolinestares, mu kira shi dogari. Aikinsa ya kama ɗan aike ya raba shi biyu nan take. Dogari ɗaya yana sallamar 'yan aike dubbai cikin daƙiƙa guda. Saboda shi ne kake iya dunƙule hannu ka kuma buɗe, ka ja numfashi ka kuma sake.

To, abin da fiya-fiya ta ke yi shi ne ta kama dogarin nan ta ɗaure shi tamau. Jijiya ba ta san abin da ya faru ba, tana ta turo 'yan aike, babu mai sallamarsu. Sai su taru a bakin kowace ƙofa suna ta bugawa ba hutawa. Kowace gaɓa ta kama aiki ba tsayawa, har ta gaji ta faɗi.

ALAMUN DA ZA KU GANI

In kun riƙe wannan misali, alamun ba za su ruɗe ku ba. Duk inda jiki ke fid da ruwa sai ya ɓalle: miyau na dalala, hawaye da majina na zuba, gumi sharkaf, ga amai, ga gudawa, ga fitsari ba da niyya ba. Baƙin tsakiyar ido ya tsuke ya zama kamar kan allura. Zuciya sau da yawa ta kan rage gudu. Naman fuska da na cinya ya riƙa rawa da kansa kamar tsutsa na motsi ƙarƙashin fata. Daga nan sai kasala, mutum ya kasa tsayuwa, wani ya yi ta jijjiga kamar mai farfaɗiya, wani ya suma. A kan ji warin maganin a bakinsa ko a tufafinsa, wari mai kama da na kananzir ko tafarnuwa.

Abin da ke kisa kuwa shi ne numfashi. Hanyoyin iska na cikin huhu su kan matse, ruwa ya cika su, har ka ji ƙirji na ƙara, kumfa na fita ta baki da hanci. Naman da ke ɗaga ƙirji ya kan gaji ya tsaya. Wurin da ke kula da numfashi a ƙwaƙwalwa shi ma ya kan yi sanyi. Watau mutum yana kwance a kan tabarma, amma nutsewa ya ke yi cikin ruwan jikinsa.

Ku lura, wannan ba bugun iska ba ne, ba kuwa sammu ba. In wanda ya yi feshi yau, ko yaron da aka gani kusa da kwalba, ya fara miyau da gumi da tsukewar ido, to, guba ce, kada a tsaya turare.

ALLURA TA FARKO: ATIROFIN

Babban makari shi ne atirofin. Tsohon magani ne, tun shekarar 1831 wani mai haɗa magani Bajamushe ya tace shi daga wani tsiro na ƙasashen Turai mai suna beladona. Yana cikin jerin magungunan da Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kada a rasa su a asibiti.

Atirofin ba ya taɓa gubar, ba ya kuma kwance dogari. Abin da ya ke yi shi ne ya riga 'yan aike zama a bakin ƙofa ya tare ta. Kamanninsa sun dace da ƙofar, amma shi ba ya ƙwanƙwasawa. 'Yan aike su taru su yi ta zarya, ba su sami wurin bugawa ba. Sai miyau ya tsaya, huhu ya bushe, hanyoyin iska su buɗe, zuciya ta komo da gudunta.

Tun da abin kokawa ce tsakanin maganin da 'yan aike, yawan allurar ya danganta da yawansu. Ga babban mutum a kan fara da miligiram 1 zuwa 3 ta jijiyar jini. In bayan minti 5 ƙirji bai washe ba, sai a ninka. In har yanzu bai washe ba, a sāke ninkawa. Haka za a yi ta yi, ma'aikaci na sauraron ƙirji, yana ƙirga bugun zuciya, har huhu ya bushe, bugun ya haura 80 a minti. Sa'an nan a ci gaba da ba da shi kaɗan-kaɗan cikin ƙarin ruwa, wani lokaci kwana da kwanaki.

Don haka in kun ga ana fasa kwalaben allura 20 ko 30 ko fiye a kan mutum ɗaya, kada hankalinku ya tashi, kada ku ce ana ɓarna ko ana neman kuɗinku. Mu ma'aikata mun san adadin da zai haukata mai lafiya wani lokaci ko gezau ba ya sa mai wannan guba. Haka kuma in mara lafiya ya fara sambatu, jikinsa ya yi zafi ya bushe, ko fitsari ya ƙi fita, ku gaya wa ma'aikaci maza. Alama ce maganin ya ɗan zarce, za a rage shi. Ku riƙa yi masa fifita, don atirofin yana tsai da gumi, zafi kuwa yana wahal da wanda ba ya gumi.

Wani zai ce, ai zaƙami, wanda wasu ke kira haukata-yaro, an ce yana ɗauke da irin wannan sinadari. Gaskiya ne, dangin beladona ne. Amma kada wanda ya kuskura ya jiƙa shi ya ba mai guba. Ba wanda ya san ƙarfin da ke cikin ƙwaya ɗaya, kuma abin da aka ɗura wa mai amai a baki huhunsa zai tafi. Guba biyu ke nan a ciki ɗaya.

INDA ATIROFIN YA TSAYA

Ƙofofin nan iri biyu ne. Akwai irin da ke wajen miyau da gumi da hanji da huhu da zuciya, su atirofin ke iya tarewa. Akwai kuma irin da ke jikin naman hannu da ƙafa da wuya da ƙirji, su kuwa bai dace da su ba sam. Saboda haka mutum yana iya bushewa sarai, ƙirjinsa ya washe, amma naman numfashinsa ya kasa ɗagawa. Irin wannan sai an taimake shi da iskar oksijin, ko a sa masa bututu a maƙogwaro a riƙa hura masa iska da jaka ko da inji, har ƙarfinsa ya komo. Wannan aikin babban asibiti ne. In ma'aikacin ƙaramin asibiti ya yi allurar farko ya ce a wuce gaba, ba kora ba ce, ku yi hanzari.

ALLURA TA BIYU: FIRALIDOKSIM

Akwai allura ta biyu mai suna firalidoksim. A shekarar 1955 wasu masana biyu a birnin Niyok na Amurka, Irwin Wilson da Sara Ginsburg, suka ba da labarinta, ba da jimawa ba kuma likitocin Japan suka fara gwada ta a kan manoman da maganin feshi ya kama. Ita wajen dogari ta ke nufa. Ta kan kama gubar da ta ɗaure shi, ta fizge ta, su fita tare ta fitsari, dogari ya tashi ya koma bakin aikinsa. Ta haka ta ke iya taimakon naman da atirofin bai kai gare shi ba.

Amma tana da sharaɗi, shi ne lokaci. Kun san ƙullin ɗanyar fata: yau ana iya kwance shi da yatsa, in ya bushe kuwa sai wuƙa. Haka ɗaurin gubar nan ya ke, in ya daɗe sai ya ƙanƙame, ba allurar da za ta kwance shi. Na fiya-fiya da daimetowet cikin 'yan awoyi ya ke ƙanƙamewa. Na kulofirifos ya kan ɗauki kwana guda ko fiye. Akwai wata gubar yaƙi mai suna soman, tata cikin 'yan mintoci ne. Shi ya sa a ke ba soja allura mai harba kanta, mai ɗauke da atirofin wajen miligiram 2 da firalidoksim miligiram 600, don ya caka wa cinyarsa nan take ko ta kan wando.

Ba kowane asibiti ke da firalidoksim ba, kuma binciken likitoci ya nuna ba kowane mara lafiya ta ke amfana ba. Ga gubar kabamet ma galibi ba a bukatarta, don ɗaurinta ya kan kwance da kansa cikin kwana ɗaya ko biyu. Saboda haka in an ce babu ita kada ku fid da rai. Atirofin da taimakon numfashi su ne ginshiƙi. In mara lafiya na jijjiga kuma, akwai allurar dayazifam mai kwantar da ita.

ABIN DA ZA KU YI KAFIN A KAI ASIBITI

Allura ba ta da amfani sai ga wanda ya iso da numfashi. Wannan kuwa a hannunku ya ke.

1. Ku fid da shi daga wurin zuwa inda iska ke kaɗawa. Mutum ɗaya ya ruga neman mota ko babur tun yanzu.

2. Ku tuɓe masa tufafin da maganin ya taɓa, ku wanke jikinsa da sabulu da ruwa mai yawa, har gashi da ƙarƙashin farce. In ya shiga ido, a yi ta zuba ruwa mai tsabta wajen minti 15. Mai wankan ya sa leda a hannu don kada shi ma ya kamu. Tufafin a ƙulle su cikin leda.

3. Ku kwantar da shi a gefen hagu, kansa ya ɗan yi ƙasa, don miyau da amai su zubo waje. Ku riƙa share masa baki da tsumma. A haka za a riƙe shi har cikin mota, kada a kwantar da shi rigingine.

4. Kada a ba shi manja, ko nono, ko madara, ko ɗanyen ƙwai, ko ruwan gishiri, ko jiƙo. Babu ɗayansu da ke kwance dogari ko tare ƙofa. Kada kuma a sa masa yatsa a maƙogwaro. Yawancin magungunan nan cikin wani mai irin kananzir a ke narka su, in ya koma huhu wajen amai ya kan ƙone shi.

5. Ku tafi da kwalbar ko ledar maganin, ko da babu kome a ciki. Ku faɗi gaskiyar lokacin da abin ya faru da yawan abin da aka sha. Kunya ba ta da wuri a nan.

Maganar kwalbar nan ba ƙarama ba ce. Atirofin ba makarin kowace guba ba ne. Ba ya aiki a kan ƙwayar nan ta Phostoxin da a ke sa wa hatsi, ko maganin ciyawa mai suna farakwat, ko Gammalin. Kowannensu da yadda a ke jinyarsa. Takardar jikin kwalba ita ke gaya wa likita hanyar da zai bi.

KADA KU YI GAGGAWAR KOMAWA GIDA

Sau da yawa mara lafiya ya kan farfaɗo, ya zauna, ya nemi kunu, 'yan uwa su ce a sallame su, ga gona na jira. Ku yi haƙuri. Atirofin tare ƙofa kawai ya yi, gubar na nan, wasu irinta ma su kan ɓuya cikin kitsen jiki su riƙa fitowa sannu-sannu. Har wa yau akwai wata kasala da kan zo tsakanin kwana 1 zuwa 4 bayan an yi tsammanin an tsira. Alamarta ta farko, mutum yana kwance ya kasa ɗaga kansa daga matashi. Daga wuya sai ta gangaro ƙirji, numfashi ya tsaya. In ta same shi a asibiti ana iya riƙe numfashinsa har ta wuce. In ta same shi a ƙauye da tsakar dare, sai dai haƙuri.

Bayan an sallame shi ma, jiki ya kan ɗauki makonni kafin ya ƙera sababbin dogarai su cika. Cikin wannan lokaci ɗan abin da bai isa ya dami wani ba ya isa ya kā da shi. Kada ya koma feshi sai likita ya yarda.

RIGAKAFI YA FI MAGANI

Maigida, ka ajiye maganin ƙwari cikin akwati mai kwaɗo, nesa da ɗakin kwana da wurin girki. Kada ka juye shi cikin kwalbar lemo ko gorar ruwa, yaro ba ya karatu, siffar kwalba ya sani. Dubi launin da ke gindin takardar: ja ya fi kowane haɗari, sai rawaya, sai shuɗi, sai kore. In za ka yi feshi, ka yi da sassafe ko da yamma, ka sa riga mai dogon hannu da wando da takalmi, ka rufe hanci da baki, ka ba iska baya. Kada ka busa bakin famfo da bakinka in ya toshe. Kada ka ci goro ko ka sha taba sai ka wanke hannu. Kwalbar da ta ƙare a huda ta, kada ta zama ta mai ko ta ruwan sha.

Uwargida, fiya-fiya ba ta kan yaro mai ƙwarƙwata ba ce, ba ta katifa ba ce, ba ta ɗakin da za a rufe a kwana ciki ba ce. A shekarar 2019 hukumar NAFDAC ta hana sayar da ƙananan kwalabenta a kasuwanni da kantuna saboda yawan rayukan da suka salwanta. Kada kuma a yayyafa ta a kan waken ajiya. A 2015 Tarayyar Turai ta dakatar da sayen busasshen wake daga Nijeriya saboda saurar wannan magani da aka samu a ciki. Buhun nan mai ciki uku, wanda a ke ɗaure bakinsa iska ba ta shiga, yana kashe ƙwarin wake ba tare da ɗigon magani ba.

Abu na ƙarshe. In akwai wanda baƙin ciki ya yi wa yawa a gida, ko aka ji yana cewa ya gaji da duniya, ku kawar da kwalaben nan daga gidan gaba ɗaya, ku zauna da shi, ku saurare shi, ku kawo shi asibiti. Ɓacin rai na awa guda ya kan wuce, in dai babu kwalba kusa.

Ku karanta wa waɗanda ba su iya karatu ba wannan takarda, ku kuma riƙe abu huɗu: a wanke, a kwantar a gefen hagu, a ɗauki kwalba, a yi asibiti maza. Allah ya ba mu lafiya.